Littafin da Gara Ta Ci Ƙarshensa

Ranar wata Litinin ce a farkon daminar 2003, ina aji huɗu na sakandare, Malama Rifkatu mai koya mana adabin Turanci ta shigo aji rungume da wata baƙar leda, tana takawa a hankali kamar mai ɗauke da ƙwai. An sha ruwa da asuba, ƙafafunmu duk caɓa-caɓa da jar laka, muna ta hayaniya a kan wanda ya zauna a bencin wani. Ta ajiye ledar a tebur, ta jira muka yi shiru, sannan ta zaro wani littafi da ta yi wa bango da takardar buhun siminti. Ta ce ranar Juma'a ta sa an buɗe siton makaranta don a ɗauko littafin wasan kwaikwayon da za mu karanta a zangon, sai aka tarar gara ta riga mu. Kwali guda ta mayar ƙasa. Kwafi ɗaya tak ya tsira, shi ma ta bi shi ta baya ta cinye kashi na biyar, wato na ƙarshe, ta bar mana huɗu. Terna, wani ɗan Tibi da ke zama a bayana, wanda ba ya ganin dama ya bari ta wuce, ya ɗaga hannu ya ce da guntuwar Hausarsa, "Malama, ashe gara ma yana son litirecha. Shi ya fara karatu daga baya ne." Ajin ya kwashe da dariya har da Malama. Da muka lafa ta ce ta ba wani direban motar Jos saƙo ya nemo mana cikakke, amma kada mu sa rai kafin mako shida. Ita ta san yadda wasan ya ƙare, ta karanta shi a kwaleji, kuma ko za mu wuni muna roƙo ba za ta faɗa ba. "Wanda ya iya karatu," in ji ta, "zai hango ƙarshen tun daga farko."

Ni kuwa ba a jefa min irin wannan maganar in bar ta ta faɗi ƙasa. Sunana Hajara, amma in ban da Baba da malamai ba mai kirana da shi. Tun firamare kowa Lauya yake ce min, saboda ko a kan wanda ya riga wani zuwa layin burtsatse sai na kawo hujja uku. Inna kan ce, "Da baki yana daka, da ban sayi turmi ba." Makarantarmu ta jeka-ka-dawo ce a bakin garin Lafiya, ta hanyar Shabu, a ƙasa muke zuwa muna kauce wa 'yan acaba da ruwan kwatami, muna jifan mangwaron da ba namu ba. A aji akwai Alago da Eggon da Migili da Tibi da Gwandara da Fulani, Turanci muke yi in malami na tsaye, yana juya baya mu koma Hausa. Kafin a tashi ranar nan mun raɗa wa littafin suna, muka ce Guntu, kuma har muka gama makaranta ba mu taɓa kiransa da wani suna ba.

Guntu tsohon wasa ne na ban tausayi, an rubuta shi a wata ƙasa mai nisa tun kafin a haifi kakannin kakanninmu, Turancinsa mai ƙashi ne, sai Malama ta tattauna ta ba mu. Labarin wani sarki ne mai adalci wanda talakawansa ke so, da ƙanensa wanda shi ne sarkin yaƙinsa. A wata shekarar yunwa ƙanen ya buɗe rumbun gari ya raba hatsi ba da izinin wansa ba. Sarki ya tara mutanen gari ya rantse cewa muddin yana numfashi, ƙanen nan ba zai sake shigowa ta ƙofar birni ba. Shekaru suka wuce, maƙiya suka taso wa garin, ƙanen ya ji labari ya taho da 'yan tsirarun mutanensa don ya kawo ɗauki, maƙiya na bin sawunsa. Kashi na huɗu ya ƙare yana tsaye a bakin ƙofa yana bugawa, tsohuwar da ta haife su tana durƙushe a gaban sarki, mabuɗi na rataye a wuyansa. Daidai nan gara ta karɓi aikin.

Da yake kwafi ɗaya ne, Malama ta tsara masa kwana. Yau yana gidan wannan, gobe yana gidan wancan, wanda ya samu ya kwafi abin da ya iya a littafin rubutu, sauran su kwafa daga nasa. Akwai dokoki masu tsauri: leda cikin leda, ba a ajiye shi kusa da miya, ba a ba ƙanne su ga hoto, domin ba shi da hoto. A gidanmu kuwa aiki ba ya jiran kowa. In na dawo sai wanke-wanke, sai jan ruwa a rijiya, sai in taya Inna murza gyaɗar ƙuli-ƙuli, sannan a zube mana faifan agushi ni da ƙannena mu ɓare har yatsu su yi sanyi. Na koyi ɗora littafin rubutuna a cinya, hannu na ɓara, ido na karatu, baki na juya wa yara labarin da Hausa. Ba a jima ba tsakar gida ta zama aji. Maman Blessing, maƙwabciyarmu 'yar Eggon mai suyar garin rogo, ta fara matso da kaskonta kusa da katanga don ta ji, hayaƙi na sa ta hawaye tana zagin sarki da ƙanen duka biyun. Kullum in na shigo da yunifom sai ta leƙo ta ce, "Lauya, yaya, ya buɗe ƙofa ko har yanzu bai buɗe ba?" In ce har yanzu. Ta ja tsaki ta ce wannan gara ba ta da tsoron Allah.

A makaranta kuwa muka watsar da carafke da 'yar gala-gala da tsallen igiya, har maza suka rage ƙwallo. Lokacin hutun tara, mu ruga gindin wata bishiyar kashu da ke bayan ajinmu. Wani karyayyen tebur ya zama ƙofar birni, mabuɗin ɗakin fartanyoyi ya zama mabuɗin gari, tsohon labulen ofis ya zama rigar sarki, har da ƙurarsa. Ovye, wanda ya fi kowa tsawo da murya, ya zama sarki, yana rantsuwa har jijiyar wuyansa na tashi. Mu kai wasan daidai inda gara ta tsaya, sai mu tsaya cak, sannan gardama ta ɓarke. Ajin ya rabe biyu, 'yan Zai Buɗe da 'yan Ba Zai Buɗe Ba, har yaran aji ɗaya da ba su san kan zancen ba suka zaɓi ɓangare. Malama ta ga wutar ta kama, sai ta ƙara mata itace: ta ce ranar Juma'a ta mako na biyar za a yi zaman kotu. Terna zai tsaya wa 'yan Ba Zai Buɗe Ba, ni kuma, ba sai an tambaya ba, na tsaya wa sarki. Ra'ayina shi ne zai buɗe, su rungume juna, su fita su yi yaƙi su mutu tare. Ai wannan ma abin tausayi ne, kuma ya fi kyau.

Doka ɗaya Malama ta kafa, ita ce ta hana mu sakat. Duk abin da ka faɗa sai ta ce, "Nuna min a shafi." Ka ce sarki mugu ne, nuna min a shafi. Ka ce yana son ƙanensa, nuna min a shafi. Ni ta fi matsa wa, domin ta san hali. "Hajara, ban tambaye ki abin da zuciyarki ke so ba, abin da ke rubuce nake tambaya." Ita ta fara gaya mana cewa irin wannan wasa ba labarin faɗuwar mugu ba ne, domin mugu in ya faɗi daɗi ake ji. Labarin mutumin kirki ne mai tabo guda ɗaya, kuma aikin mai nazari shi ne ya nemo tabon. Wannan ban sha wahalar gane shi ba, ni 'yar dillalin doya. Na sha ganin Baba ya ɗauki doya zuƙeƙiya mai kyan gani, ya jujjuya ta har ya gano ɗan wurin da dagi ya taɓa ta ranar haƙa, ya ware ta gefe, domin ta nan za ta fara ruɓewa.

Abin da ban gaya wa Malama ba, ban gaya wa kowa ba, shi ne dalilin da ya sa na nace sai sarki ya buɗe. Muna da irin wannan ƙofar a gidanmu. Baba ɗan Doma ne, kasuwanci ya kawo shi Lafiya. Ƙanensa, Baba Ƙarami, shi ya zauna a gidan gado yana noma, kuma a wurinsa Kaka take, mahaifiyarsu. A gonar gado akwai wata tsohuwar ɗorawa da marigayi kakanmu yake hutawa a gindinta. Shekara huɗu kafin wannan lokacin, Baba Ƙarami ya sare ta don ya ƙara kunyoyin doya, bai shawarci kowa ba. Baba ya ji labarin ne ranar wani suna, a tsakiyar taro, maganar ta yi zafi, ya miƙe a gaban dangi da baƙi ya rantse da Allah ƙafarsa ba za ta sake taka gidan nan ba. Daga ranar hutunmu na Doma ya ƙare, ni da Zulai 'yar Baba Ƙarami, wadda muke kwana tabarma ɗaya, sai dai saƙon gaisuwa. Baba bai yar da mahaifiyarsa ba. Duk wata yakan hau mashin ya je, ya zauna a zauren maƙwabci, a riƙo Kaka a kawo ta su gaisa. To a daminar nan ƙafafunta suka ƙi, ko ƙofar ɗakinta ba ta iya kaiwa. Baba ya koma aika Inna da magani da sabulu, in ta dawo ya yi ta tambaya, ta ci abinci, ta yi magana, ta ambace ni? Na ji Inna tana gaya wa Maman Blessing a hankali cewa tsohuwar nan da wuya ta ga rani. Tsoro ya kama ni, tsoro na gaske, kada Kaka ta tafi Baba yana zauren maƙwabci.

Saboda haka na shiga Guntu da neman hujja kamar mai neman allurar da ta faɗi a rairayi. Kuma na samu. Na sami inda sarki ya hana a taɓa ɗakin ƙanensa, na sami inda ya tambayi wani fatake ko ya gan shi, ko ya rame. Na jera su da lambar shafi ina murna, ina ganin Terna ya gama yawo. Sai ranar da kwanan littafin ya zagayo kaina karo na biyu, ina ɓarar agushi da la'asar, idona ya faɗa kan ƙananan rubutun nan na karkace da ke tsakanin maganganu, waɗanda ke cewa wane ya shigo, wane ya fita. Ba wanda ya kwafe su a cikinmu, mun ɗauka ɓata tawada ne. Na ce bari in bi su in gani. Duk wurin da sarki ya yi magana mai taushi, ƙaramin rubutun ya ce shi kaɗai ne a dandamali, ko shi da mutum ɗaya. Sau uku tsohuwar ta same shi shi kaɗai, sau uku ya fara sassautowa, kuma duk sau ukun, kafin ya ƙarasa magana, marubucin sai ya shigo da mutane: fadawa, ko masu gadi, ko wakilan gari. Suna shigowa sarki ya koma dutse. Na buɗe shafi na ƙarshe da ya tsira, na duba su wa ke tsaye lokacin da ake buga ƙofa. Gari ne gaba ɗaya.

Na zauna da agushi a hannu na kasa ɓarewa. Murna da baƙin ciki suka haɗe min, domin na gano abin da ko Terna bai gano ba, kuma abin ya rushe shari'ata. Sai wani tunani ya biyo baya wanda ya sa na miƙe tsaye har faifan ya kife. Tun da aka yi rantsuwar nan, masu ba Baba haƙuri ba su taɓa zuwa ɗai-ɗai ba. Tawaga ake yi. Dattawa daga Doma, surukai daga Obi, liman da mutanensa, a cika zaure, a shimfiɗa tabarmi, a sa shi a tsakiya kowa na kallon bakinsa. Ni nake kai musu ruwa, na sha ganin yadda fuskarsa ke rufewa tun daga sallama. Ba wanda ya taɓa samunsa shi kaɗai. Inna ta ce in tsince agushin nan tas kafin kaji su riga ni, na durƙusa ina tsincewa ina ƙulla abin da zan yi.

Ranar Asabar ni ke kai wa Baba abinci kasuwar doya. Na ja ƙafa da gangan sai bayan azahar, lokacin da na san 'yan dako sun tafi lodin mota a can ƙarshen kasuwa. Na same shi a rumfarsa shi kaɗai, yana zaune a kan buhu yana tantance ragowar doyar bara, mai tsiro gefe, mai tabo gefe. Maimakon in ajiye kwano in juya kamar kullum, sai na durƙusa na ce an ba mu aiki a makaranta ya gagare ni. Ya yi dariya ya ce yau kuma Lauya ce da neman taimako, lallai za a yi ruwa. Na kwashe labarin Guntu na ba shi tun daga rumbu har bakin ƙofa, ina jiran ya gane ya daka min tsawa. Bai daka ba. Yana ci yana saurare, har yana tambaya ko hatsin na sarki ne ko na gari. Da na gama ya wanke hannu ya ce, "Rantsuwar nan, a ɗaki ya yi ta ko a gaban mutane?" Na ce a gaban mutane. Ya ce, "To ba zai buɗe ba, Hajara. Ba zuciyarsa ce ta ɗaure shi ba, ido ne." Abin da na yi mako uku ina tono, Baba ya faɗe shi yana goge hannu da tsumma. Na tattaro sauran ƙarfin halina na ce, "Ko da tsohuwar za ta mutu a gabansa, Baba?" Ya ɗauki wata doya, ya riƙe ta bai juya ta ba. Sannan ya ce, can ƙasa, "Ai da za a bar shi shi da ita kawai..." Bai ƙarasa ba, wani ɗan dako ya yi sallama ya shigo neman igiya. A kan idona fuskar Baba ta rufe. Ya ce in kwashe kwanuka, Innata na jira. Na fito ina jin kamar in shaƙe ɗan dakon nan da igiyar da ya zo nema.

Ranar kotu aka fito da bencuna gindin kashu, 'yan wasu azuzuwa suka hau taga, har mai sayar mana da rogo da ƙuli ta ajiye tirenta ta tsaya. Malama ta ɗaura ɗankwali baƙi ta zama alƙali, matokarin tebur ya zama gudumarta, wato wani guntun katako. Terna ya tashi ya yi ta maimaita cewa sarki taurin kai gare shi, aka ce ya nuna a shafi ya hau lalube. Ni kuwa na miƙe na zuba hujjojina ɗaya bayan ɗaya, shafi da layi, 'yan Zai Buɗe na buga benci suna kiran Lauya. Na san na ci. Ina shirin zama Malama ta dube ni ta saman tabarau ta ce, "Akwai abin da kika gani a littafin da bai goyi bayanki ba?" Da na ce babu, da an tashi a haka. Sai na buɗe littafin rubutuna na karanta musu ƙananan rubutun nan, wane ya shigo, wane ya shigo, wane ya shigo. Na ce, da bakina, ba zai buɗe ba, in ma ya buɗe sai bayan mutane sun watse. Ranar ce ta farko a rayuwata da na kayar da kaina a gardama. Mutanena suka ce na ci amana, Terna ya rasa ko murna zai yi, Malama kuwa ta buga katakonta ta ce yau an yi nazari a makarantar nan.

Cikakken littafin ya iso ranar Talatar da ta biyo baya, a cikin ambulan mai ɗigon man ja. Malama ta hana kowa taɓawa, ta tsaya a gaban allo ta karanta mana kashi na biyar da kanta. Sarki bai buɗe ba. Tsohuwar ta yi roƙo har muryarta ta dushe, yana tsaye yana kallon jama'a, jama'a na kallonsa. Sai da maƙiya suka iso kowa ya ruga kan ganuwa, dandamali ya zama ba kowa sai shi da ita, sannan ya cire mabuɗin daga wuyansa ya sheƙa da gudu. Ya buɗe da hannunsa, ya tarar da ƙanensa kwance a bakin ƙofa, an riga an gama da shi. Tsohuwar ba ta sake cewa uffan ba har wasan ya ƙare, shi kuma ya fita ta ƙofar nan ba makami, bai dawo ba. Ovye ya sunkuyar da kai, Terna na ta kallon taga. Na kifa kaina a benci na yi kuka mai yawa, kowa ya ɗauka sarki nake yi wa. Da na koma gida Maman Blessing ta tare ni, na ba ta labari, ta share ido da bakin zane ta ce gara ta fi mu hankali da ta cinye wurin. Da magariba Baba na alwala a bakin rijiya, na zo wucewa da buta, ya ce ba tare da ya ɗago ba, "Mutumin naku, ya buɗe?" Na ce, "Ya buɗe, Baba, amma ya makara." Ya ci gaba da wanke ƙafarsa.

Ranar Alhamis na dawo makaranta na tarar Inna da Maman Blessing suna kirɓa sakwara a babban turmi, tukunyar miyar agushi na tafasa har da nama. Doyar ba ta gefe ba ce mai tabo wadda muka saba ci, zaɓaɓɓiya ce, Baba da kansa ya kawo ta da safe. Ba suna, ba biki, ba watan azumi ba. Inna ta jera kwanuka ta ƙirga, goma cif, ta ce ni da ƙanena mu kai: tsohon makahon bayan masallaci, gwauruwar da ke ƙarshen layi, wasu masu jinya da ke zaune a bakin asibiti, da sauransu. Na tambaya sadakar wa ake yi. Ta harare ni ta ce, "Ke da kike Lauya ba ki san kaffara ba? Wanda ya yi rantsuwa ya ga warware ta ya fi alheri, mutum goma yake ciyarwa." Na buɗe baki zan yi ihu ta toshe shi da tafin hannunta mai ƙamshin daddawa, ta ce in maganar nan ta fita ƙofar gida sai ta kirɓa ni a turmin nan. Ba sai ta faɗa ba, ni na fi kowa sanin abin da ido ke yi. Na ɗauki tire na bi gari ina rarraba kwanuka, ƙafata ba ta taɓa ƙasa don murna, mutane na tambaya ina cewa sadaka ce kawai. Kwana biyu na yi da magana a ciki ban fitar ba, abin da ban taɓa yi ba.

Asabar da sassafe Baba ya ɗaure doya a bayan mashin ya ce, "Hajara, hau." Bai gaya wa kowa inda za mu ba, ko Inna ba ta raka mu ƙofa ba. Hanyar Doma ta yi kore shar, kunyoyin doya sun jeru hagu da dama, ganye ya hau sanda, iska na dukan fuskata ina riƙe da rigarsa. Da muka shiga unguwar, maƙwabcin nan ya hango mu ya miƙe zai shimfiɗa tabarma a zaurensa kamar yadda ya saba, Baba ya ɗaga masa hannu ya wuce. A ƙofar gidan gado ya kashe mashin. Ya tsaya yana gyara hula, ya sake gyara ta, sannan ya yi sallama ya sa ƙafa. Baba Ƙarami na tsakar gida yana ɗora wa fartanya ƙota, ya ɗago, fartanyar ta suɓuce masa. Ya ce, "Yaya." Baba ya ce, "Ina Iya?" Iyakar jawabin da aka yi ke nan. Baba Ƙarami ya nuna masa ɗaki, suka shiga su biyu, Baba ya saki labule. Na matsa zan leƙa, Zulai ta fito daga madafa ta cafke ni ta baya, ta mintsine ni don ta tabbatar ni ce, muka hau tsalle muna toshe wa juna baki. Har yau ban san abin da aka faɗa a ɗakin nan ba. Na dai ji muryar Kaka, siririya, tana ta kiran sunan Baba na yarinta.

Kaka ta ci sabuwar doyar shekarar, ta ga rani, ta rasu bayan an gama girbi, kanta na kan cinyar Baba. Yanzu makarantarmu an zagaye ta da katanga, kashun nan an sare shi an yi ajin kwamfuta a wurin, Malama Rifkatu ta yi ritaya ta koma garinsu. Terna na sayar da magani a cikin gari, in na shiga shagonsa har gobe sai ya ce in nuna masa a shafi. Kwanan baya na ga 'yata da irin wannan wasan, an ba su a makaranta. Kafin in gama yanka albasa ta duba waya ta karanta taƙaitaccen labarin, ta san wanda ya mutu da dalilin mutuwarsa, har da amsoshin tambayoyin da za a yi musu. Ban ce ta yi laifi ba, zamaninta ne, kuma ba za ta taɓa kwafar littafi da hannu mai ƙaiƙayin agushi ba. Amma na so a ce ta ɗanɗani mako shidan nan da muka yi a bakin ƙofa, mu da mai suyar gari da dillalin doya, kowa na jiran a buɗe. Da an ba mu littafin nan cikakke, da na karanta ƙarshensa na rufe, ban tambayi Baba komai ba. Shi ya sa har yau in na ga gara ta yi hanya a jikin bango, sai na ɗan yi jim kafin in sa tsintsiya.